IDON MATUƘIN JIRGIN SAMA BA YA ZAMA WURI ƊAYA

A ƙasar Gazawa da Agye da Gidan Rumji jirgin sama ba baƙon abu ba ne. Manomi yana cikin noma sai ya ji ƙugi, ya ɗaga kai, ya hango ɗan farin abu can sama yana jan zare. Dattawa ba su manta da shekara ta 1988 da ta 2004 ba, lokacin da farar ɗango ta shigo Nijar, aka sa ƙananan jirage suna feshin magani. Alhazai ma a jirgi suke zuwa Makka, a jirgi suke komowa.

Amma akwai tambayar da take yawan fitowa a cibiyoyin yaƙi da jahilci da wuraren hira. A sama babu gwadabe, babu itacen da za a yi shaida da shi. To da dare fa? Ko cikin gajimare, ko ranar da hazo ya rufe gari? Da me matuƙi yake gane inda ya nufa? Yaya yake sanin jirginsa bai karkace ba?

Amsar tana ga waɗansu agoguna da ke jere a gabansa, da kuma yadda ya hori idonsa ya riƙa yawo a kansu. Wannan yawon ido sana'a ce da ake koyo. Mutane da yawa sun rasa rayukansu a ranar da aka yi sakaci da ita.

JIKI YANA YAUDARAR MAI SHI

Idan gari ya yi garau, matuƙi yana duban can nesa, inda sama ta haɗu da ƙasa. Wannan layi shi ne magwajinsa. In fukafukai sun yi daidai da layin, jirgi yana tafiya sosai. In ɗaya ya yi ƙasa, jirgi ya karkace. Haka matuƙan farko suka yi ta tafiya. Jiragen da suka fara sauka Kano a watan Nuwamba na 1925, guda 3, na sojan Ingila ne da suka taso daga Masar, kuma da rana suke tafiya, suna duban ƙasa.

Idan layin nan ya ɓace, sai mutum ya koma ga abin da jikinsa yake gaya masa. A nan matsala take. A cikin kowane kunne, can ciki, akwai ƴan ƙananan bututu 3 masu lanƙwasa, cike da ruwa. Motsin wannan ruwa shi ke gaya wa mutum ya juya ko bai juya ba.

Kowa yana iya gwada wannan a gida. A zuba ruwa a ƙwarya, a yafa ɗan ƙaiƙayi a kai. A fara juya ƙwaryar. Da fari ƙwarya ce ke juyawa, ƙaiƙayin yana tsaye. In aka ci gaba, ruwan zai bi ƙwaryar, su riƙa tafiya tare. In aka tsayar da ƙwaryar, ruwan ba zai tsaya ba, zai ci gaba da zagaye. Abin da ke faruwa ke nan ga yaron da ya yi wasan hajijiya: ya tsaya, amma yana jin duniya tana juyawa, har ya faɗi.

Haka kunnen matuƙi yake. In jirgi ya karkace sannu-sannu, kunne ba ya jin kome. In jirgi ya daɗe yana kwana, ruwan kunne yana bin sa, matuƙi ya ji kamar a miƙe yake tafiya. In ya gyara jirgin ya daidaita, sai jiki ya ce masa yanzu ne ya karkace zuwa ɗaya gefen. Kujerar da yake zaune ma ba ta taimakonsa. Duk alhajin da ya riƙe kofin shayi cikin jirgi ya ga haka: jirgi yana kwana, fiffike ɗaya yana ƙasa, amma shayin bai zube ba.

Jirgin da ya karkace yana fara sunkuyar da hanci, yana raguwa daga sama. Matuƙin da bai gane ba zai ja sandar tuƙi don ya ɗaga hancin. Amma tun da a karkace yake, jan sanda ba ya ɗaga shi, sai dai ya matse kwanar. Jirgi ya riƙa zagaye yana gangarowa kamar guguwa, har ya iso ƙasa.

A shekara ta 1954, a wata babbar makaranta ta jihar Ilinoi a ƙasar Amurka, an gwada matuƙa 20 waɗanda ba su koyi tuƙi da agoguna ba. An sa su cikin jirgi tare da malami, aka hana su ganin waje. Dukansu jirgi ya ƙwace musu, sai malami ya karɓa. Da aka yi lissafi, aka ga bisa ƙiyasi sakan 178 kawai mutum yake yi kafin jirgi ya ƙwace masa. Ko minti 3 bai cika ba. Saboda haka darasin farko da ake ba ɗalibin tuƙi shi ne: in ba ka ganin waje, kada ka yarda da jikinka, ka yarda da agoguna.

AGOGUNA SHIDA

Wani matuƙin sojan Amurka mai suna Jimmy Doolittle shi ya fara nuna abin yana yiwuwa. Ran 24 ga watan Satumba na 1929, kusa da birnin New York, aka lulluɓe wurin zamansa, ba ya ganin kome sai agoguna. Ya tashi, ya yi kewaye, ya sauka lafiya. Tun daga nan aka ci gaba da gyara agogunan. A ƙananan jirage na koyo ana jera manya guda 6, uku a sama, uku a ƙasa.

Na tsakiya a layin sama shi ne babba. Yana nuna tsayuwar jirgi. Rabinsa na sama shuɗi ne kamar sararin sama, rabinsa na ƙasa ruwan ƙasa ne, da ɗan hoton jirgi a tsakiya. Wato shi ne layin nan da hazo ya ɓoye, an kawo shi gaban matuƙi. A cikinsa akwai wani ƙarfe mai juyawa da sauri ƙwarai. Duk macen da ta taɓa kaɗi ta san mazari: muddin yana juyawa, a tsaye yake. Haka wannan ƙarfe yake tsayawa daidai ko jirgi ya karkace.

Na hagunsa agogon gudu ne. Yana nuna saurin jirgi cikin iska. Abin awonsa ana ce masa not. Not 100 daidai yake da kilomita 185 a awa. In gudu ya ragu ya wuce iyaka, fukafukai ba za su iya ɗaukar jirgin ba, sai ya faɗo.

Na damansa agogon tsawo ne. Yana aiki da nauyin iska, domin iska tana raguwa in an yi sama. Da ƙafa yake ƙidaya, kuma ƙafa 1000 wajen mita 305 ne. Ba daga ƙasar da ke ƙarƙashin jirgi yake farawa ba, daga bakin teku yake farawa. Filin jirgin Maraɗi kansa yana bisa teku da wajen ƙafa 1200. Saboda haka in agogo ya nuna 4200 a kan Maraɗi, matuƙi zai ɗebe 1200, ya san ƙafa 3000 ne tsakaninsa da ƙasa.

A layin ƙasa, na tsakiya agogon alƙibla ne. An raba shi gida 360. Lamba 90 gabas ce, 180 kudu, 270 yamma, 360 arewa.

Na hagunsa yana nuna ko jirgi yana kwana, da saurin kwanar. Akwai wata shaida a jikinsa. In matuƙi ya riƙe kwana a kan shaidar, cikin minti 1 jirgi zai juyo ya fuskanci inda ya fito, cikin minti 2 zai yi cikakken zagaye.

Na damansa yana nuna hawa ko gangara, ƙafa nawa a minti.

Ban da waɗannan akwai agogunan inji: na mai, na zafi, na ƙarfin baƙin mai. Manyan jiragen yanzu sun tara yawancin wannan labari a kan gilasai kamar na talabijin. Amma tsarin bai sake ba: tsayuwar jirgi a tsakiya, gudu a hagu, tsawo a dama, alƙibla a ƙasa.

YADDA IDO YAKE YAWO

Agoguna 6 ne, ido kuwa abu ɗaya yake iya karantawa a lokaci guda. Dabarar da ake koyarwa ta yi kama da aikin uwargida a bakin murhu. Tukunya ita ce tsakiyar aikinta. Ta iza wuta, ta dubi tukunya. Ta ɗauko gishiri, ta dubi tukunya. Ta waiga ta ga yaro bai matso kusa da wuta ba, ta sake duban tukunya. Ko'ina idonta ya je, ga tukunya yake komowa.

Tukunyar matuƙi ita ce agogon tsayuwar jirgi. Ya dube shi, ya kai ido ga tsawo, ya komo. Ya kai ido ga alƙibla, ya komo. Ya kai ido ga gudu, ya komo. Kowane dubi sakan ɗaya ne ko biyu. Dalili kuwa, duk wata ɓarna daga tsayuwar jirgi take farawa. Sai hanci ya sunkuya kafin tsawo ya ragu. Sai fiffike ya karkace kafin alƙibla ta goce. Mai tsaron agogon tsakiya yana ganin ɓarna tun tana ƙarama.

Dubi kaɗai bai isa ba. Aikin hawa uku ne. Na fari a duba. Na biyu a gane abin da agogunan suke faɗa in an haɗa su. Na uku a gyara, da hannu mai taushi. Misali, tsawo yana raguwa, gudu yana ƙaruwa, alƙibla ba ta motsa ba: hanci ne ya sunkuya, sai a ɗaga shi kaɗan. Amma in tsawo yana raguwa, gudu yana ƙaruwa, alƙibla kuma tana juyawa, to jirgi ya karkace ne. A nan sai a fara daidaita fukafukai tukuna, sannan a ɗaga hanci. Wanda ya sauya wannan jeri ya shiga guguwar da aka ambata.

Kuma ba kullum ake raba ido daidai wa daida ba. Lokacin hawa, gudu ne yake son tsaro. In jirgi ya kai inda zai miƙe, tsawo da alƙibla su ne a gaba. Lokacin sauka, gudu da saurin gangara. Agogunan inji kuwa ana leƙa su jifa-jifa, kamar yadda mai tafiya da jaki yake waigawa ya ga ko kaya sun zame.

Ga misali na kusa. Daga Maraɗi zuwa Gazawa, in a miƙe ne ta sama, wajen kilomita 90 ne, kuma gabas sak ake nufa. Ƙaramin jirgi mai gudun not 100 zai yi tafiyar cikin rabin awa. Matuƙi zai riƙe lamba 90. In ya yi sakaci allura ta zauna a kan 100 bai lura ba, bayan rabin awa zai sami kansa wajen kilomita 15 kudu da Gazawa. In ranar hazo ce, ko garin ba zai hanga ba. In kuma jirgi yana gangara da ƙafa 500 a minti, alhali ƙafa 3000 ne tsakaninsa da ƙasa, minti 6 kawai suka rage masa. Ƴar lamba ce a kan agogo, amma ita ce tsakanin isa gida da rashin isa.

KURAKURAI UKU

Malaman tuƙi sun ce kurakuran ido guda 3 ne. Kowannensu ya taɓa kayar da babban jirgi.

Na fari shi ne kafe ido a kan abu ɗaya. Da daren 29 ga watan Disamba na 1972, wani babban jirgi na kamfanin Eastern ya taso daga New York zuwa Miyami a ƙasar Amurka. Da za su sauka, sai ƴar fitilar da ke nuna tayar gaba ta fito ta ƙi kamawa. Suka fasa sauka, suka koma ƙafa 2000, suka bar wa na'ura tuƙi, duk suka duƙufa kan fitilar. Ba su ankara ba na'urar ta saki riƙon tsawo. Jirgi ya yi ta gangarowa sannu-sannu cikin duhu, bisa wata babbar fadama inda babu ko wutar gida ɗaya. Ƙararrawa ta yi ƙara, ba wanda ya kula. Mutum 101 suka rasu. Da aka yi bincike, aka tarar tayar lafiyarta lau, ta fito yadda ya kamata. Ƙwan fitilar ne kawai ya mutu.

Na biyu shi ne tsallake agogo. Da daren 5 ga watan Mayu na 2007, jirgin kamfanin Kenya Airways ya tashi daga Duwala a ƙasar Kamaru, bayan an yi hadari. Duhu ne, ba a ganin kome a waje. Babban matuƙi ya ce a kunna na'urar tuƙi, amma ba ta kama ba, kuma ba wanda ya tabbatar. Jirgi ya fara karkata dama sannu-sannu, kunne bai ji ba, ido kuma bai je kan agogon tsakiya ba. Da ƙararrawa ta yi ƙara, matuƙi ya ruɗe, ya ƙara karkatar da shi. Ko minti 2 jirgin bai yi a sama ba, ya faɗa cikin fadamar bakin teku. Dukan mutum 114 da ke ciki suka rasu. Agogon yana nan yana faɗar gaskiya tun daga farko.

Na uku shi ne dogara ga agogo ɗaya, a ƙi tambayar ƴan'uwansa. Labarin wannan ya shafi wani ƙwaro da kowane manomi ya sani.

ZANZARO DA JIRGIN SAMA

Agogon gudu yana samun labarinsa daga wani ɗan siririn bututu da ke jikin jirgi ta waje, bakinsa yana fuskantar gaba. Iska tana shiga ciki. Ƙarfin shigarta shi ke motsa allura. In bututun ya toshe, allura za ta yi ƙarya.

A farkon shekara ta 1996, wani babban jirgi na kamfanin Birgenair ya yi wajen mako 3 yana ajiye a wani filin jirgi na Jamhuriyar Dominika, can wajen tsibiran kudancin Amurka. Ran 6 ga watan Fabrairu, da dare, ya tashi zai je Jamus. Tun yana gudu a ƙasa babban matuƙi ya ga agogonsa na gudu ba ya aiki daidai, na mataimakinsa kuwa lafiya lau. Bai fasa tashi ba. Da suka yi sama, allurar agogonsa ta riƙa nuna gudu yana ƙaruwa, alhali raguwa yake yi. Matuƙi ya bi agogon nan, ya rage wa inji ƙarfi. Fukafukai suka kasa ɗaukar jirgin, ya faɗa teku. Mutum 189 suka rasu.

Masu bincike sun gano ɗaya daga cikin bututun ne ya toshe. Abin da suka fi zato shi ne zanzaro ne ya yi ginin laka a ciki lokacin da jirgin yake ajiye, kamar yadda yake yi a bakin buta ko a ramin bango. Agogon gudu 3 ne a jirgin, 2 suna faɗar gaskiya. Da an gwada su da juna, da kuma agogon tsakiya da ke nuna hanci ya ɗaga ƙwarai, da an gane wanda ya yi ƙarya.

Shi ya sa ake sa wa bakin bututun murfi mai jan ƙyalle duk lokacin da jirgi yake ajiye, a cire kafin tashi. Shi ya sa kuma ake koya wa matuƙi ya ɗauki agoguna kamar shaidu a gaban alƙali. Ba a yanke shari'a da bakin mutum ɗaya. In kuma tun a ƙasa aka ga agogo ba daidai ba, a fasa tafiya. Da muguwar rawa gara ƙin tashi.

Bayan irin waɗannan haɗura an sake tsarin aiki a ɗakin tuƙi. A manyan jirage, irin masu ɗaukar alhazai, matuƙa 2 ne. Ɗaya yana tuƙi, ɗaya yana tsaron agoguna yana faɗar abin da ya gani da babbar murya. Kome ya lalace, dole ne mutum ɗaya ya ci gaba da riƙon jirgi. Ƙarami kuma yana da ikon ya gaya wa babba ya yi kuskure. Wannan yana cikin abin da ya sa haɗarin jirgin fasinja ya ragu ƙwarai bisa ga na shekarun baya.

MATUƘIN JIRGIN FESHI

Aikin mai feshin fara dabam yake. Shi da rana yake tashi, da sassafe ko da la'asar, domin zafin tsakar rana yana ɗauke maganin ya yi sama da shi. Ƙasa-ƙasa yake bi, mita 5 zuwa 10 bisa shuka. A nan in aka raba lokacinsa gida 10, wajen 9 idonsa a waje yake. Yana tsaron gawo da kuka da goriba, da wayoyin lantarki, da dogayen ƙarafan salula, da shamuwa da ungulu.

Amma gida ɗayan da ya rage ba na wasa ba ne. Wuri mafi haɗari shi ne ƙarshen gona, inda zai ɗaga ya yi kwana ya komo. Jirgi yana da nauyin magani. Iska mai zafi kuma ba ta ɗaukar fiffike kamar mai sanyi. In gudu ya ragu cikin kwana, babu isasshen tsawon da za a gyara. Saboda haka yana satar kallon agogon gudu, ya mayar da ido waje nan take. Dā mutane ne suke tsayawa da tuta a bakin gona su nuna masa layi. Yanzu na'urar GPS ce, mai karɓar labari daga tauraron ɗan Adam, take nuna masa da ƴan fitilu a gabansa.

Mutanen ƙauye suna iya sauƙaƙa masa aiki. In malaman gona sun yi shelar ranar feshi, a janye dabbobi da yara daga wurin. Kada a cinna wa daji wuta, domin hayaƙi yana rufe masa gani. Kada a haska masa madubi ko tocila. Kada a bar jaki ko akuya a filin da yake sauka. A rufe rijiyoyi da randuna. Kada a ci farar da aka yi wa feshi, kada a kai ta kasuwa, kada kuma a mayar da dabbobi wurin sai kwanakin da malaman gona suka faɗa sun cika.

YADDA AKE KOYO

Ba a haihuwar mutum da wannan ido. Ɗalibi yana farawa a ƙasa, cikin wani ɗaki da aka yi shi kamar ɗakin tuƙi. In ya yi kuskure a nan, ba wanda zai mutu. Daga baya ya hau jirgi tare da malami, a sa masa wata hula mai baki wadda take tare masa waje, ba ya ganin kome sai agoguna. Wani lokaci malami ya ce ya rufe ido, ya karkatar da jirgin, sannan ya ce ya buɗe ya gyara. Wani lokaci ya manna takarda a kan agogo ɗaya, ya ce wannan ya mutu, a ci gaba da sauran. Bisa ƙa'idar ƙasashen duniya, sai mutum ya yi aƙalla awa 40 yana tuƙi da agoguna kafin a ba shi takardar shiga gajimare. Bayan ya samu ma ana sake gwada shi lokaci-lokaci, domin idon da ya daɗe bai yi aiki ba yana yin nauyi, kamar hannun da ya daɗe bai riƙe alƙalami ba.

Makarantun wannan fanni ba su da nisa. A Zariya akwai makarantar koyon tuƙin jirgin sama tun shekara ta 1964. A Yamai akwai makarantar EAMAC tun 1963, inda ƴan ƙasashen Afirka da yawa suke koyon aikin duban yanayi da aikin yi wa jirage jagora daga ƙasa. Su ne masu gaya wa matuƙi nisan da ake iya gani cikin hazo, da lambar da zai daidaita agogon tsawo da ita. A shekara ta 2015 Laftana Ouma Laouali ta zama mace ta farko matuƙiyar jirgi a rundunar sojan Nijar. Ita ma daga baƙaƙe da lambobi ta fara, kamar kowane ɗalibi.

ABIN DA MANOMI DA MAKIYAYI ZA SU ƊAUKA

Makiyayi ya riga ya san wannan sana'a, ko da bai taɓa shiga jirgi ba. Idonsa yana kan saniyar da ke gaba, ya leƙa na baya, ya leƙa bakin gonar mutane, ya dubi gabas ko hadari ya taso, ya komo ga ta gaba. Ranar da ya tsaya cirar ƙaya ya manta da garke, ranar ce shanu suke shiga gero, a kwana wurin mai gari.

Mai babur a kan babbar hanyar da ta bi ta Gidan Rumji da Agye da Gazawa shi ma haka ne. Mai gudun kilomita 60 a awa yana cin mita 50 cikin sakan 3. In ya sunkuya yana duban salula na sakan 3, ya yi mita 50 ke nan kamar makaho, a hanyar da amalanke da awaki da yara suke ratsawa. Idonsa ya kamata ya zauna can gaba, ya leƙa madubi, ya leƙa gefen hanya, ya leƙa agogo, ya komo gaba.

Ga masu zuwa karatun yaƙi da jahilci kuma, akwai abin lura. An ce ido ba mudu ba ne, amma ya san ƙima. Gaskiya ne, sai dai akwai ranar da ƙima ba ta isa, sai lamba. Matuƙi ba shi da lokacin da zai tsaya yana tunanin ko 108 ce ko 180. Dubi ɗaya yake yi ya gane. Bai sami wannan ba sai da maimaici, yau da gobe. Haka manomin da yake son ya karanta sikeli ranar sayar da aya ko gujiya, ko ya auna maganin ƙwari daidai yadda aka rubuta a jikin kwalba. Haka makiyayin da zai karanta awon maganin dabba. Wanda ya lizimci zuwa cibiya, ya riƙa bitar lambobinsa kowace rana, idonsa zai yi sauri, ba kuma mai cutarsa a kasuwa.

Allah ya kiyaye matafiya na sama da na ƙasa, ya ba da damina mai albarka. Amin.